Riƙon bindigar hannu da hannu ɗaya

'Yan uwa masu atisayen harbi, idan bakin fistol, wato bindigar hannu, na yawan ɗagawa sama bayan kowane harbi, ku fara duba riƙonku. Ka tura hannunka can saman mariƙin, fatar da ke tsakanin babban yatsa da manuniya ta zauna daram, babu rata. Duk lokacin da riƙo ya yi ƙasa, turin da bindiga ke yi baya sai ya ƙara samun damar cilla bakinta sama.

Tsintsiyar hannu ita ce kan gaba a wajena. Ka ƙame ta. In ta yi laƙwas, bindiga mai ɗura kanta takan maƙale, kwanson harsashi ya tsaya a ƙofar fita. Yatsu uku na ƙasa su damƙe sosai, manuniya kuwa ta ja kunama a hankali.

Ka ɗan karkata saman bindigar kaɗan zuwa ɓangaren ɗaya hannun, bakinta na kallon gaba, ka rinjayar da nauyinka gaba, ɗaya hannun a dunƙule a ƙirji, nesa da bakin bindiga.

Sabon shiga ya fara da bindiga mai ƙaramin harsashi, wato .22, kafin mai harsashin 9mm da ya fi ƙarfi, a gaban mai horarwa, da kariyar kunne da ta ido.