Yadda Ake Ciro Jerin Asibitoci ko Rijiyoyi Daga Taswirar OpenStreetMap

A 2005 wani mai rubuta manhaja a Amurka, Paul Rademacher, ya kwashi tallan gidajen haya na Craigslist, wani shafin talla a intanet, ya jera su a kan taswirar Google, ba tare da ya nemi izini ba. Google bai kai shi ƙara ba. A watan Yunin shekarar ya buɗe API, wato ƙofar da wata manhaja ke bi ta karɓi bayanai daga wata, daga baya ma ya ɗauke shi aiki. Sai dai tun 2018 ƙofar Google sai da katin banki. Ta OpenStreetMap kuwa, taswirar da kowa ke iya gyarawa, wadda Steve Coast ya kafa a Ingila a 2004, har gobe kyauta ce.

Da farko buɗe overpass-turbo.eu, shafin da ake tambayar OpenStreetMap bayanai ta cikinsa, a kwamfuta, don a waya akwai wahala. Ja taswirar zuwa inda kake so, misali Fagge ko Damagaram. Kada ka yi zari ka haɗa da Arewa gaba ɗaya. In aka yi daƙiƙa 25 amsa ba ta fito ba, tambayar za ta yanke.

Sannan danna Wizard ka rubuta abin da kake nema. A nan ne mutane suka fi tuntuɓe, domin taswirar ba ta jin "asibiti", laƙabinta kawai take ji. Asibiti shi ne amenity=hospital, kasuwa amenity=marketplace, rijiya man_made=water_well. Masallaci sai an haɗa biyu: amenity=place_of_worship and religion=muslim. Harafi ɗaya ya kuskure, sai ka ga fili fetal.

Da ɗigo-ɗigo sun bayyana, danna Export ka sauke su a fayil nau'in GeoJSON, ko nau'in KML in Google Earth za ka kai su. Ni na fi son loda fayil ɗin a uMap, wani shafin haɗa taswira, in sa launi, in tura mahaɗin ta WhatsApp. Duk inda ka wallafa, ka rubuta cewa daga masu ba da gudummawar OpenStreetMap ka samo, haka lasisin bayanan, mai suna ODbL, ya shardanta.

Za ka iya tarar da rijiyar unguwarku babu ita. Ba wanda ya saka ta ne tukuna. Yi rajista a openstreetmap.org, danna Edit, ka ɗiga ta daidai wurinta, ka sa mata laƙabin man_made=water_well, ka adana. Bayan 'yan mintoci sake tambayar Overpass, za ta fito.