Idan An Zame Maka Kwangila Ba Dalili

Na taɓa neman kwangilar gyaran ajujuwa a wata ma'aikatar tarayya. Ranar buɗe takardun tayin masu neman kwangilar ina zaune, da kunnena na ji farashina ya fi kowa sauƙi, amma aka bai wa wani. Na yi wata guda ina cizon yatsa, ashe lokaci ya ƙwace mini.

Kada ka yi irin nawa. Dokar sayen kayan gwamnati ta 2007, sashe na 54, ta ba ka kwana 15 na aiki daga ranar da ka sani, ka rubuta ƙorafi ga babban jami'in ma'aikatar. Ka kai da hannunka, a buga maka hatimin karɓa a kwafinka. Wannan hatimin shi ne shaidarka gobe. Idan amsarsa ba ta gamsar ba, ko ya yi gum, kana da kwana 10 na aiki ka garzaya Hukumar BPP, mai sa ido kan sayen kayan gwamnati, a Abuja. Idan hukuncin BPP ma bai gamsar ba, sai Babbar Kotun Tarayya, cikin kwana 30.

Tun da wuri, nemi takardun tantancewa ta Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011. Kwana 7 gare su su amsa. Da takardun nan lauyanka zai nuna wa alƙali inda aka tsallake ƙa'ida.