Kurakuran sababbin lauyoyi idan kotu ta wanke wanda ake tuhuma

Duk shekara sai an turo mana, mu lauyoyi masu gabatar da ƙara, sababbin lauyoyi daga makarantar horas da lauyoyi ta Bagauda ko Bwari, kuma duk shekara ramin da na bara suka faɗa shi na bana suke faɗawa. Bakina ya gaji, shi ya sa na ce bari in rubuta.

Babban kuskuren shi ne ka karɓi hukuncin da alƙali bai faɗi dalilinsa ba ka sa a jaka kamar rasit. Ni kaina na yi shi, kuma har yau idan na tuna sai raina ya ɓaci. Shari'ar wani manomi ce da aka rotsa wa kai da sanda a kan iyakar gona. Majistare ya wanke wanda ake tuhuma, muka ɗaukaka ƙara zuwa babbar kotu. Ranar hukunci ko minti biyu ba a yi ba: an saurari ɓangarori, ƙara ba ta da tushe, an kore ta. Layi uku. Ba a taɓo rahoton likita ba, ba a ce uffan kan shaidu biyun da suka gani da idonsu ba. Na rusuna na ce yadda kotu ta so, na fito.

Da na tashi zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, sai na cika takardata da maganar shaidu, wane ya faɗi gaskiya, wane ya yi ƙarya. Ban nemi izinin kotu na ɗaukaka ƙarar ba. Alhali sashe na 241 da na 242 na kundin tsarin mulkin 1999 a fili suke: idan babbar kotu ta zauna ne a matsayin mai sauraron ɗaukaka ƙara, ba ka wucewa kai tsaye sai in ƙorafinka a kan doka ne zalla. In ka haɗa da batun shaida, sai da izini. Aka yi watsi da takardar tun kafin in buɗe baki. Abin takaicin, makamin yana hannuna ban gan shi ba. Rashin bayyana dalili kansa kuskure ne na doka, da shi ya kamata in fara. Mahaifin manomin nan, dattijo mai shigo motar kasuwa duk ranar zama, ya tare ni a bakin ƙofa ya ce, "Yaro, to me alƙalin ya ce ya sa?" Ba ni da abin da zan gaya masa.

Don haka ku ji da kyau. Sashe na 294 ya wajabta wa kotunan da tsarin mulki ya kafa su ba da hukunci a rubuce cikin kwana 90 da kammala jawabin ƙarshe, su ba ɓangarori kwafi cikin kwana bakwai. Sashe na 308 na dokar tafiyar da shari'ar laifuka ta 2015 ya ce hukunci ya ƙunshi abin da ake jayayya a kai, da matsayar kotu, da dalilinta. Ni al'adata, ranar da aka karanta hukunci ranar nake rubuta wa rajistara neman kwafi mai hatimi. In ya zo sai in ɗauki jan biro in ja layi duk inda alƙali ya ce "saboda". In na kai ƙarshe biron bai taɓa takarda ba, na sami dalilina na farko na ɗaukaka ƙara. Wasu abokan aiki suna ganin wannan tsiwa ce ga mai shari'a. Su ta shafa. Kotun Ƙolin Indiya ma a 2004, a shari'ar jihar Orissa da Dhaniram Luhar, ta soke umarnin babbar kotun da ta hana izinin ɗaukaka ƙara ba tare da ta faɗi dalili ba. Hukuncin bai ɗaure kotunanmu ba, amma ina kawo shi don jan hankali.

Na biyu, kuna shiga kotun sama kamar za a sake shari'a daga farko. Haba! Alƙalin ƙasa shi ya ga fuskar shaida, ya ji inda muryarsa ta yi rawa. Na sama takarda kawai ke gabansa, kuma mutumin da kake bi an riga an wanke shi. Cewa "shaidunmu sun fi nauyi" maganar shari'ar bashi ce, ba ta laifi ba. Nuna shafi da layi inda aka tsallake hujja, ko aka karanta doka a baibai.

Sauran ƙanana ne, amma suna kashe ƙara. Kwana 90 gare ka zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, 30 kacal zuwa Kotun Ƙoli, kada ka zauna jiran kwafi lokaci ya wuce. Sallama (sakin mutum ba tare da an ce bai yi laifin ba) daban, wankewa daban, karanta kalmar da alƙali ya rubuta. Kada ka sake gurfanar da wanda aka wanke a kan laifi ɗaya, sashe na 36(9) ya hana sai da umarnin kotun sama. Kuma ka daina ce wa mai ƙorafi ya je ya ɗaukaka da kansa. Shi shaida ne, fayil ɗin yana teburinka.