Idan kai ne darakta, kai ne mai kamara, kai ne edita

Wanda ke son yin fim a Katsina ba tare da ya tare a Kano ba, sai ya iya aikin mutum biyar. Ni ke rubuta labarina, ni ke nemo kuɗi, in riƙe kamara, in dawo in tace. Yana yiwuwa, ƙanena, muddin ba ka haɗa aiki biyu a lokaci guda ba.

Aikin furodusa ka gama shi kafin ranar ɗauka. Je ka gaida mai unguwa, ka faɗa masa abin da za ku yi. Kuɗin abinci da man janareta ka danƙa wa amintacce, don daraktan da ake tsayarwa tsakiyar sin, wato fitowar da ake ɗauka, a kan kuɗin ruwan leda ba ya ganin fuskar jaruminsa.

Rubuta labari daidai da wuraren da ke hannunka: zaure, tsakar gidan ƙasa, lungunan da ke kewaye da Hasumiyar Gobarau. Ɗauki hoton waje da sassafe ko bayan la'asar. Rana tsaka tana zuba inuwa a kwarmin ido.

Sauti kam kada ka riƙe shi da kanka, nan yawancinmu ke faɗuwa. Mai kallo yakan yafe hoto mai duhu, amma da ya kasa jin magana ya wuce. Samu yaro mai natsuwa, ka sa masa abin saurare a kunne, aikinsa ke nan. Maƙala makirufo kamar taƙi ɗaya ƙasa da haɓa, ka lura da shadda mai sitaci da mayafi, gogarsu tana shiga. Kai janareta bayan katanga da doguwar waya. An kira salla, a tsaya. Kafin ku tashi, kowa ya yi shiru minti ɗaya ka naɗi sautin wurin, da shi za ka cike giɓi wajen tacewa.

Kowane sin a ɗauki hotonsa da waya, kada hula ta canza karkata gobe.

A daren ranar da kuka yi ɗauka ka kwafe aikin wuri biyu. DaVinci Resolve, manhajar tace fim, yana da na kyauta. Kada ka sa kiɗan wani ba izini, in ka ɗora fim ɗin a YouTube, suna iya miƙa kuɗin talla ga mai kiɗan. Kafin su ba ka kason talla kuwa, sai ka tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12, saboda haka tsara labarin kashi-kashi, kana saki duk mako.