Yadda na koya wa Duna wurin yin fitsari

Watansa 2 a duniya lokacin da na kawo kwikwiyona Duna gidanmu a unguwar Rijiyar Zaki da ke Kano, don ya girma ya yi mana gadi. Kwana uku da zuwansa ya tsula fitsari daf da inda Hajiya ke shimfiɗa dardumarta. Ranar na sha faɗa. "Ko ka gyara shi, ko ka mayar da shi inda ka ɗauko shi," ta ce.

Kwikwiyo mai wata 2 da ƙyar yake riƙe fitsari awa biyu zuwa uku, don haka kiyaye lokaci aikinka ne. Ka ware lungu ɗaya nesa da rijiya da madafa, ka zuba yashi. Da ya farka, kai shi can. Bayan ya ci abinci da kamar minti 15, kai shi. In ya gama wasa ma haka. Ni da na dawo daga sallar asuba shi nake fara fitarwa. In ka ga yana shinshina ƙasa yana zagaye, kar ka jira, ɗauke shi da sauri.

A lungun, ka riƙa maimaita kalma ɗaya tal. "Maza" nake ce masa. Da ya gama, a wurin za ka miƙa masa ɗan yankin nama. In ka bari sai kun dawo tsakar gida, bai san ladan me ya ci ba.

Zai yi ɓarna, wannan dole ne. Samarin layinmu suka ce in doke shi in goga masa hanci a ciki. Sau ɗaya na gwada, na yi da-na-sani: sai ya koma yi a ɓoye, bayan tankin ruwa. In ka tarar ya riga ya yi, ka yi shiru ka kwashe. Ka wanke da omo, ka bi da ruwan khal da aka sirka da ruwa, domin siminti na shan fitsari, kuma warin da kai ba ka ji shi yana ji, shi ke mayar da shi wurin. Ga zafin Afrilu a Kano, ka san yadda zarni ke tashi.

In yana zawo ko yana fitsari a kai a kai, kai shi wurin likitan dabbobi, sau da yawa tsutsar ciki ce ke kawo zawon. A wurin likitan ne kuma za a yi masa allurar rigakafin haukan kare in ya cika wata 3.

Sai da Duna ya kai wata 5 Hajiya ta daina naɗe darduma in ta hango shi.