Yadda Za Ka Gane Tsutsar Masara Tun Tana Ƙwai

Tsutsar da ta shigo Afirka ta Yamma daga nahiyar Amurka a shekarar 2016, wani faɗa-wuta ne ke haifarta. Da dare macen take zuba ƙwai 100 zuwa 200 wuri guda a jikin ganye, ta lulluɓe su da wani abu kamar gashi mai launin toka. Saboda haka ka riƙa zagaya gonarka da sassafe kana ɗaga ganye, duk inda ka ga ƙwan ka murƙushe shi, domin cikin kwana 3 yake ƙyanƙyashewa.

Idan ka tarar da kashi kamar dusa a tsakiyar kan masara, tsutsar tana ciki. Zuba mata toka ko yashi. Kada ka yi jinkiri, domin bayan kamar mako 2 za ta shige ƙasa ta rikiɗe, ta sake fitowa da fukafukai.