Kurakuran da yaranmu ke yi da tsofaffin hotuna a fim ɗin tarihi

Wallahi na gaji da ganin abu ɗaya kullum, shi ya sa na ce bari in yi magana.

Babbar ɓarnar ita ce ka kwaso tsohon bidiyo a YouTube ka liƙa, ba ka san garin ba, ba ka san shekarar ba. Ni wannan ya taɓa ja min. Na haɗa fim kan hawan sallar ƙasar Haɗeja, na zuba tsohon bidiyon dawakai mai hoto baƙi da fari gwanin sha'awa, muka kafa majigi a ƙofar gidan dagaci bayan isha'i, ko minti biyar ba a yi ba wani dattijo ya ɗaga sanda ya ce, "Yaro dakata, nan ba Haɗeja ba ce, Kaduna ce, hawan daban zuwan Sarauniyar Ingila a 1956, ina wurin ina riƙe wa babana linzami." Shikenan, babu wanda ya ƙara yarda da sauran fim ɗin, aikin wata uku ya bi ruwa. Tun ranar ba na sa ko daƙiƙa ɗaya sai na nuna wa tsofaffi biyu, kowa shi kaɗai, sannan in ƙura wa naɗin rawani da gine-gine da motoci ido. In ya ƙi warwaruwa in hau mota zuwa Gidan Arewa, cibiyar adana kayan tarihi a Kaduna. Aikin mai tono tsofaffin hotuna ke nan, ba sauke bidiyo ba.

Sai kaset. Haba jama'a! An ba ka amanar VHS na naɗin hakimi, shi kaɗai ya rage, farar fumfuna fal a ciki, kai kuma ka danna shi a inji don zumuɗi? Zai tauna zaren ya kuma ɓata kan injin. Ka leƙa ta gilashin tukuna, a goge, ka juye shi a kwamfuta kwafi biyu, kaset ɗin ka jingine shi a tsaye inda babu laima, ba cikin akwatin ƙarfe a ɗakin kwano ba.

Kar ka karɓi bidiyo ta WhatsApp, yana cinye ingancin hoto. Kar ka ja shi ya cika allo, doki ya koma kamar kada. Tambarin British Pathé, kamfanin Ingila mai adana tsofaffin fina-finan labarai, in ka gani, da mai shi, nemi izini kar ka yanke. Kuma don Allah a bar shafa wa dalar gyaɗa kala da manhajar waya.